Innar Gidan Suna

Ban samu jana'izarta ba. Ranar Talata da hantsi ta cika, kafin la'asar an kai ta makwancinta, ni kuwa sai daren Laraba labarin ya iske ni ta waya, daga bakin wani tsohon abokinmu a Kano. Da gari ya waye na rufe shagon ɗinkina a Birnin Kudu, na shiga bas zuwa Gwaram, daga can na hau acaɓa zuwa Basirka, gidan ƙanenta, inda ta yi shekarunta na ƙarshe. Ranar sadakar uku ce. An yi ruwa da asuba, tabarmin da aka shimfiɗa wa mata a tsakar gida duk da laima.

Na durƙusa gaban matar ƙanenta, ita ce ke karɓar gaisuwa.

"Ya haƙuri, Hajiya?"

"Haƙuri sai godiya. Daga ina?"

"Daga Birnin Kudu. 'Yar ɗakinta ce ni, tun zamanta na Kano."

"Allah sarki, ai kun yi rashi. Baiwar Allah ke nan. Shekara tara muna gida ɗaya, ban taɓa jin ta ɗaga murya ba. Ko rediyo aka kunna, tashi take ta shige ɗaki."

Na sunkuyar da kai, don wata dariya ce ta taso mini tare da kuka, ban san wadda za ta riga fita ba. Matar da ake cewa ba ta son rediyo, ni da lasifika biyu na san ta, kowace ta kai ƙuguna.

Wata tsohuwa da suka yi yarinta tare ta ce ta tafi birni ne ta yi sana'ar abinci, Allah bai ba ta haihuwa ba, amma duk sallah sai ta aiko wa dangi turmin atamfa. Wata matashiya a bayana ta raɗa wa ta kusa da ita cewa an ce dai zaman kanta ta yi. Aka mintsine ta.

Wajen azahar wata ƙaramar mota ta tsaya a ƙofar gida. Mata huɗu suka shigo cikin manyan hijabai, duk sun manyanta. Na san kowacce. Ɗaya ita ta koya mini rawa, ɗaya kuma mun taɓa ba hammata iska a kan wata mace. Muka gaisa kamar yau muka fara ganin juna. Da aka tambaye su, suka ce abokan cinikinta ne. A waje kuwa, cikin maza, akwai wanda ya kira ni a waya, tsohon ɗan daudun da ya yi mata girki shekara da shekaru. Kawu muke ce masa, shi kuma ya fi son a ce masa Goggo. Ya sa babbar riga da hula, ya yi zama irin na dattawa. Amma da liman ya ɗaga hannu za a yi addu'a, sai muka jiyo Kawu har cikin gida: "Wayyo uwata! Wayyo ni!" Daga baya ya gaya mini cewa ƙanen marigayiyar ne da kansa ya miƙe ya kawo masa buta, ya ce, "Malam, wanke fuskarka. Ba a yi wa mamaci kururuwa." Bai tambaye shi ko wane ne ba, bai kuma kore shi ba.

Tun da na dawo na kasa zama. In na hau keke zan yi ɗinki, sai in tarar na haɗa hannun riga a baibai. In na kwanta, in tashi. Abin da ke cina shi ne, duk wanda ya yi magana a wajen makokin nan gaskiya ya faɗa, amma in ka haɗa maganganun gaba ɗaya ba za su ba ka matar da na sani ba. Shi ya sa na ɗauki biro. Ba zan kama sunan kowa ba, don masu sunayen da yawa suna raye, wasu da jikoki.

Marigayiyar, da muke kira Inna, ita ce ta kafa Gidan Suna, ita ta riƙe shi, ita kuma ta rufe shi da hannunta. Wurin rawa ne na dare a Kano, na mata irina, waɗanda zuciyarsu ke wajen mata 'yan'uwansu, da kuma 'yan daudu da duk wanda gari bai bar masa wurin zama ba. Na san sunan da mutane ke kiranmu da shi. 'Yan madigo. Na sha jin sa a bakin da ke tofar da yawu. A gidan Inna ne kaɗai na ji an faɗe shi ana dariya.

Farkon abin ban gan shi ba, Kawu ne ya ba ni labari. Shagon tuwo Inna take da shi kusa da wata tasha. In an tashi daga ciniki, sai ta kunna kaset a ɗakin baya, ita da masu taya ta aiki su ɗan taka. Akwai wata bazawara mai sayar da turare da ke zuwa cin abinci kullum, tana zama har a wanke tukwane. Wata rana ba ta tafi ba. Ita ce muka taso muna kira Inna Ƙarama. Daga nan ƙawa ta jawo ƙawa, ɗakin baya ya yi kaɗan. Wani maƙwabci ya buga ƙofa wata Asabar yana faɗa a kan kiɗa, Inna ta fito tana share hannu a zani, ta ce, "Yi haƙuri Malam, suna muke yi." Asabar ta gaba ya dawo, ta ce suna ne. Ta uku ya tsaya ya dube ta, ya ce, "Hajiya, wannan gida naku ba ya rabo da haihuwa." Sunan ya bi wurin har ƙarshensa.

Ba ta bar ƙaryar ta tsaya da ƙafa ɗaya ba. Da ta kama gida a ƙarshen wani lungu, mai doguwar katanga da bishiyar mangwaro, duk Asabar da rana sai an toya waina an aika wa kowane maƙwabci kwanonsa. Cewa take, "Wanda ya ci wainarka, kunnensa kan yi nauyi." Gidan kuma ba ta yarda da shi ba sai da ta ga ƙofa ta biyu a baya, mai ɓullewa wani lungun. Duk wadda ta zo karon farko, kafin a nuna mata filin rawa, wannan ƙofa ake fara nuna mata.

Ni na je ina da shekara ashirin da 'yan kai. Daga Kangire na tafi Kano koyon ɗinki, wata da muke shago ɗaya ta daɗe tana kallona, rannan ta ce in raka ta suna. Muka iske wata mace mai jiki zaune bakin ƙofa a kan kujera 'yar tsugunno, da tocila a hannu. Inna ke nan. Ta haska mini fuska har na runtse ido.

"Wa ya kawo ki?"

Na nuna abokiyar tafiyata. Na gaishe ta. Ta sauke tocilar, ta karkata kai.

"Sake gaishe ni."

Na sake.

"Ke ta wajen Birnin Kudu ce."

Na juya zan gudu, ta cafke mini hannu.

"Ina za ki? Ni ta Gwaram ce. In kin tona ni, na tona ki. To kin ga sai mu zauna lafiya." Ta fashe da dariya, ta ɗaga murya: "Kawu! A ba 'yar garinmu abinci, da yunwa da tsoro ta zo."

Dokarta ke nan ta farko: a ci kafin a yi rawa, a ci kafin a yi kuka. Ta biyu, ba a tambayar suna. Abin da ba ki sani ba, ko an dake ki ba za ki faɗa ba. Shi ya sa muka zama Yaya da Ƙanwa da Anti da Auta, kamar gidan gado. Ta uku, namijin da ya zo kallo ba ya shiga, komai girman rigarsa.

Daga zaure akwai igiya, a nan ake rataye hijabai. Wani dare na ƙirga har na gaji. Ka ga mace ta shigo a rufe ruf, ta cire, sai ga kaftani da hula a ƙasa, ta gyara zaman hular ta shiga tsakar gida tana taku. Akwai malaman makaranta, akwai ma'aikatan jinya da ke zuwa da warin asibiti a jikinsu, akwai masu kitso, akwai matan manya da ake saukewa a bakin titi su ƙaraso da ƙafa. Ƙwayayen fitila Kawu ne ya shafe su da jan farce don su ba da launi, in suka yi zafi sai wurin ya ɗauki ƙauri, muna tari muna rawa. Janareta na ruri a bayan bishiya. Zoɓo da lemo ake sha. Masu shigo da kwalba a jaka, Inna na gani ta kau da kai, amma wadda ta bugu ta yi rashin kunya, mako huɗu ba ta ƙara taka gidan.

Ita ba ta rawa. Tana bakin ƙofa daren duka, kunne ɗaya a kiɗa, ɗaya a lungu. Sai can gab da asuba Inna Ƙarama za ta je ta karɓe tocilar ta miƙa wa wata, ta jawo ta tsakiya. Waƙa ɗaya tak. Ba su iya wata rawar kirki ba, ƙafa kawai suke ja, goshi na kusa da goshi. Mu kuwa mu ja baya mu yi da'ira. Yawancinmu ba mu taɓa ganin mata biyu da suka tsufa tare ba, ba mu ma san ana yi ba. Da an fara kiran assalatu za ta zare waya daga soket, ko da a tsakiyar waƙa ne, ta ce, "To, Mai duniya ya kira." Ta yi alwala ta tayar da salla. Na taɓa tambayarta yadda take haɗa wannan da wancan. Ta dube ni tana jan carbi.

"Tsakanina da Shi ne. Ke kin ga na fasa gaishe Shi?"

Ba waliyyiya ba ce, kada a ce na faɗa. Bakinta kaifi gare shi, tana da 'yan lele, kuma in ta yanke ki ta yanke. Wata ta taɓa zuwa da ɗan'uwanta don ya raka ta, Inna ta kore ta, ta shekara tana aiko da ban haƙuri, ba ta sake shiga ba. Kawu ma ya sha mari a kan miyar da ta yi gishiri.

Amma ga abin da ta yi mini. Na yi shekara huɗu tare da wata mace da nake so kamar raina. Rannan ta zaunar da ni ta ce za ta yi aure. Ba wanda ya tilasta mata, 'ya'ya take so, kuma ta gaji da waige. Na daina cin abinci, na daina zuwa shago. Ana gobe ɗaurin aure Inna ta zo ɗakina, ta buɗe taga, ta jefo mini ankon biki.

"Tashi ki yi wanka."

"Inna, ba zan iya ba."

"Za ki iya. Za ki je, ki yi liƙi, ki yi mata fatan alheri a gaban mutane. In ba ki je ba, danginta za su tambayi abin da ya hana aminiyarta zuwa, daga tambaya kuma sai tunani. Ki rufa mata asiri. Kukan ki kawo mini shi gida."

Na je. Inna na gefena, yatsunta a damtsena, har sai da suka bar shaida. Da muka dawo ta shimfiɗa mini katifa a ɗakinsu, na yi mako biyu a nan. Inna Ƙarama na dama mini kunu, Inna na zagina in na bar shi ya huce. Ba don su ba, ban san inda zan kai kaina ba a wancan lokaci.

Da zamani ya juya gari ya tsananta, an kai mana samame sau biyu. Na farko ƙofar baya ta fitar da kowa, masu kame suka tarar da Inna da Kawu da tulin waina. Na biyu ta tsaya a zaure tana ja musu magana har muka gama sulalewa, aka tafi da ita. Kwana shida ta yi a tsare. Ta dawo tana ɗingisa ƙafar hagu, kuma har ta koma ga Allah ba ta gaya wa kowa abin da ya faru ba. Muka ce shi ke nan, an rufe. Bayan wata biyu ta aiko a ce mana akwai suna. Ta sayar da lasifika ɗaya, ta rage sauti, ta rage mutane, amma ta buɗe.

Abin da samame bai iya ba, waya ce ta yi shi. Da wayoyi masu ɗaukar hoto suka yawaita, Inna ta ajiye kwanon samira a zaure, kowa ta jefa tata kafin ta shiga. Wata ta shigo da biyu. Har yau ba mu san ko wace ce ba. Cikin kwana uku bidiyon ya zaga gari. Duhu ya rufa wa yawancinmu asiri, sai fuska ɗaya da fitila ta haska sosai, ta wadda muke kira Auta, ɗaliba ce, ko wata shida ba ta yi da fara zuwa ba. 'Yan'uwanta suka je makaranta suka ɗauke ta. Mun nema, mun tambaya ta ƙarƙashin ƙasa, ba mu sake jin ɗuriyarta ba. Ko sunanta na gaskiya ba mu sani ba, balle garinsu. Dokar da ta kare mu ita ta hana mu nemo ta.

A makon ne muka yi faɗan da ya raba ni da Inna. Tana da kyamara tata ta kanta tun zamanin shagon tuwo, da wani amintacce da ke wanke mata hotuna. Kundi biyar ta tara, tana ɓoye su a ƙasan gado. Na shiga gidan da rana na tarar ta hura wuta a murhu, tana ɓalle hotunan ɗaya bayan ɗaya tana jefawa. Inna Ƙarama na zaune gefe ta rufe fuska da mayafi.

"Inna, me kike yi?"

"Abin da ya kamata in yi tun tuni."

"Shekara nawa ke nan a ciki! Waɗanda suka mutu fa? In kin ƙone, wa zai san an yi mu?"

"Wanda zai sani shi nake tsoro."

Na wawuri guda daga hannunta. Su biyu ne a jiki, suna rawarsu, mu muna kewaye. Ta miƙo hannu.

"Ba ni."

"Ba zan bayar ba. Tsoro ne ya kama ki. Kin tara mu, yanzu za ki share mu kamar ba a yi ba."

Ta miƙe da ƙyar a kan ƙafar nan tata. Ban taɓa ganin idonta haka ba.

"Ke da ba a taɓa rufe ki ko na awa ɗaya ba, ke za ki koya mini tsoro? Fuska bakwai ce a takardar nan. Kowacce da uwa, da miji ko wa. Kin tambaye su? Fita mini daga gida."

Na fita da hoton a cikin rigata. Ta rufe gidan a watan, ta raba tukwane, ta bar wa Kawu janareta. Ciwon suga ya riga ya kama ta, ba ta da wurin zuwa sai gidan ƙanenta a Basirka. Can kuwa ba a zuwa da ƙawa. Inna Ƙarama na da ɗa guda daga aurenta na fari, ɗan kasuwar hatsi. Ta yi ta zuga shi cewa ciniki ya fi tafiya a Birnin Kudu, har ya tattara iyalinsa ya dawo, ita ma ta biyo su. Iyakar kusancin da ta iya samu ke nan.

Ni ma daga baya Kano ta ishe ni, na dawo gida na buɗe shago, ina zaune a gidan yayana. Hoton na ƙasan akwatina. Wata rana na shigo na tarar da matar yayana ta buɗe akwatin tana neman zare, hannunta a kan zanin da na naɗe shi ciki. Ban san lokacin da na yi mata tsawa ba. Da yamma, da kowa ya fita, na sa shi a murhu da hannuna. Na tsaya ina kallon fuskoki bakwai suna naɗewa, na gane abin da Inna ta gani. Amma girman kai ya hana ni neman ta. Shekara biyar ba mu yi magana ba.

A babban asibitin Birnin Kudu na sake ganin ta. Na raka mahaifiyata ganin likita, sai na hango tsofaffi biyu a benci, a layin masu suga. Ɗaya ta rame har na so in kasa gane ta. Ɗayar na ɓare mata gyaɗa tana zuba mata a tafin hannu. Ashe duk wata Inna na zuwa awo, Inna Ƙarama kuma, wadda lafiyarta ƙalau, sai ta ce wa ɗanta za ta gwajin hawan jini. In an kira Inna, sai ta ce a ba na bayanta, ita ba ta sauri. Haka suke yi har layin ya ƙare. Wuni ɗaya a wata, a kan benci, a gaban jama'a.

Na je na durƙusa. Inna ta dube ni sama da ƙasa.

"Kin yi ƙiba."

"Inna, ina wuni."

"Matsa, kina tare mana iska. Zauna nan."

Shi ke nan sulhun. Daga nan duk ranar awonta nakan leƙo da fura. Sau da yawa na buɗe baki zan ce mata na ƙone hoton, gaskiyarta ce, ta yafe mini kalmar tsoro da na jefe ta da ita. Kullum sai in ce bari sai wata mai zuwa. Ganina da ita na ƙarshe, da mai acaɓa ya zo ɗaukar ta zuwa tasha, ta riƙe hannuna, ta nuna Inna Ƙarama da haɓa, ta ce, "Ki riƙa leƙa ta." Na ce to. Wata mai zuwan bai same ta ba.

Inna Ƙarama ba ta je Basirka zaman makoki ba. Da na tambayi matan Kano, suka ce sun biya mata, ta ce ƙafarta ba za ta kai ta ba. Ni kuma na yi ta jan jiki, don ban san da wace fuska zan dube ta ba. Sai shekaranjiya na daure na je.

Surukarta ta tare ni a tsakar gida, da damuwa a fuskarta.

"Gara da kika zo, Anti. Tun da ƙawarta ta rasu Hajiya ta canza. Ta cire 'yan kunne, ta daina sa kwalli. Matar da ta yi rayuwarta cikin turare, yanzu ko kusa da shi ba ta zuwa. An yi suna a maƙwabta ta ƙi fita. Ko ƙofar gida ba ta takawa. Maigidan ya ce gobe zai kai ta asibiti, in ba a ga komai ba a nemo mai ruƙiyya."

Na shiga ɗakin. Tana zaune a kan darduma, da wani tsohon zani mara ado, kanta ba kitso. Na dubi kunnuwanta, na dubi kwalaben turaren da ta kife a cikin kwali ta tura ƙasan gado. Takaba take yi.

Na zauna kusa da ita, na rage murya.

"Inna, kwana nawa yau?"

"Goma sha ɗaya." Ba ta ɗago ba. "Wata huɗu da kwana goma ne. Na san ba a ɗora mini ba. Ba kuma wanda zai zo ya fitar da ni ranar da na gama. Amma shekara arba'in da ɗaya, 'yar nan. Me zan yi mata in ba wannan ba?"

Ta tambaye ni wa ya yi mata wanka, na ce matar ƙanenta da wata tsohuwa. Ta tambaya ko mutane sun taru, na ce sun taru sosai. Ta tambayi abin da aka ce a kanta.

"Sun ce mai haƙuri ce, ba ta da hayaniya. Sun ce sana'ar abinci ta yi a Kano."

Kafaɗunta suka fara rawa. Na ɗauka kuka ne, ashe dariya ce.

"Ai ba su yi ƙarya ba. Ta iya miya."

Muka yi dariyar tare har ta koma abin da za ta koma. Da muka natsu na gaya mata abin da na kasa gaya wa Inna. Ta ce in bar shi, Inna ba ta kwana da ni a rai ba ko sau ɗaya, haushinta dai na daɗe ban zo ba. Ban sani ba ko gaskiya ce ko lallashi. Na karɓa.

Da na fito na tarar ɗanta ya dawo daga kasuwa. Na ce masa kada ya wahalar da ita da asibiti, alwashi ta ɗauka na zaman ibada saboda rasuwar ƙawarta, na 'yan watanni, in ta cika za ta fita da kanta. Ya daɗe yana kallona. Mutum ne mai furfura a gemu yanzu, kuma yana yaro ya sha zuwa hutu wajen mahaifiyarsa a Kano, ya ci tuwon Inna. Ban san abin da ya sani ba. Ya ce, "Watanni nawa?" Na ce huɗu da 'yan kwanaki. Ya sunkuyar da kai yana murza makullin babur ɗinsa. Can ya juya wajen matarsa ya ce, "A ƙyale Hajiya. Duk abin da take so daga waje, a sayo mata."

Allah ya jiƙan Inna, ya yafe mata abin da muka sani da wanda ba mu sani ba, ya dubi yawan waɗanda ta ciyar da waɗanda ta rufa wa asiri. Na ƙirga a kalanda, ranar fitar Inna Ƙarama za ta faɗo bayan an gama girbin gero. Na kira Kawu, ya ce zai zo ko da rarrafe. Ni zan ɗinka mata sabon kaya, na riga na auna ta.